Amsoshin Tambayoyinku: Dattawan da suka riƙe kiɗan soul a Memphis

Jama'a masu sauraro, barkanmu da sake saduwa. Wasiƙar yau ta fito ne daga wani malamin makaranta mai ritaya a Zariya, wanda ya ce tun yana saurayi yake tara faya-fayan garmaho na mawaƙan Amurka Otis Redding da Al Green, kuma yana son ya san ko har yanzu akwai masu buga kiɗan soul, wato wani salon kiɗan baƙar fatar Amurka, irin na wancan zamani.

To Malam, akwai su, kuma misalin da ya fi dacewa da tambayarka shi ne ƙungiyar Bo-Keys ta birnin Memphis a jihar Tennessee ta Amurka. Wani makaɗin jitar bass mai suna Scott Bomar ne ya kafa ta a shekarar 1998, a lokacin da kamfanin faya-fayai na Stax, wanda ya fito da Otis Redding, ya daɗe da durƙushewa, domin tun 1975 bashi ya ci shi. Maimakon Bomar ya tara samari 'yan'uwansa su kwaikwayi tsofaffin faya-fayai, sai ya je ya nemo mutanen da hannayensu suka buga kiɗan tun asali. A ganinmu wannan shi ne sirrin ƙungiyar, domin kiɗan soul ba a takarda ake koyonsa ba, sai an zauna ɗaki ɗaya da wanda ya san inda ake jinkirta bugun ganga da inda mai busa zai ba mawaƙi fili.

Cikin dattawan akwai Skip Pitts, wanda jitarsa ce ke tashi a farkon kiɗan da mawaƙi Isaac Hayes ya yi wa fim ɗin Shaft a 1971, da kuma Howard Grimes, makaɗin gangunan da ke bayan muryar Al Green a kamfanin faya-fayai na Hi. Amma labarin da zai fi taɓa zuciyarka shi ne na mai busa ƙaho Ben Cauley. Yana cikin jirgin saman da ya faɗa tafkin Monona a jihar Wisconsin ranar 10 ga Disamba, 1967, inda Otis Redding ya rasu, kuma Cauley ne kaɗai ya tsira, yana rungume da matashin kujera a cikin ruwa mai tsananin sanyi har masu ceto suka iso.

Ƙungiyar ta fitar da faifanta na farko a 2004, sannan wasu suka biyo baya a 2011 da 2016. Sai dai rai ya yi halinsa: Pitts ya rasu a 2012, Cauley a 2015, Grimes kuma a 2022. A titin McLemore, inda kamfanin Stax ya zauna a da, an buɗe gidan tarihi a 2003, kuma a gefensa akwai makarantar da ake koya wa yaran unguwar wannan kiɗa.