Wa ke da izinin rubuta rahoton muhalli a Indiya?

A gundumar Ratnagiri ta jihar Maharashtra, an taɓa amincewa da wani aikin haƙar bauxite, ma'adinin da ake samun alminiyam daga gare shi, bisa rahoton muhallin da ya ambaci itatuwan ƙasashen sanyi, waɗanda ko kusa ba sa tsirowa a wannan gaɓar teku. Da aka bi diddigi, ashe an kwafo sassan rahoton ne daga na wata mahaƙa a Rasha. Mutanen da ke shan ruwan yankin, da wannan takarda aka yanke musu hukunci.

Ga yadda tsarin yake. A ƙarƙashin Dokar Kare Muhalli ta 1986, gwamnati ta fitar da sanarwa ranar 14 ga Satumba 2006, wadda ta wajabta tantance illar manyan ayyuka kafin a sa harsashi. Masana kan shafe wata 3, ba a cikin damina ba, suna auna iska, ruwa, ƙasa da ƙara a kewayen kilomita 10. Daga nan a ba jama'a sanarwar kwana 30 kafin zaman jin ra'ayinsu, sannan kwamitin ƙwararru ya duba. Kwamitin ba ya sake awon da kansa. Idan alkaluman farko na bogi ne, duk abin da aka ɗora a kansu ya lalace.

Shi ya sa a Disamba 2009 ma'aikatar muhalli ta ce sai kamfanin da NABET, hukumar tantance ilimi da horo ta ƙasa, ta tantance ne zai shirya irin wannan rahoto. Dole ya kasance da mai jagorantar nazarin, da masana daga fannoni 12 da aka ware, kamar ruwan ƙarƙashin ƙasa, hasashen yaɗuwar hayaƙi da rayuwar al'umma. Shaidar tantancewar tana aiki shekara 3, ana sake bincike a tsakani.

Sai masu sana'ar suka garzaya kotu, kuma hujjarsu ba ta wasa ba ce. Sashe na 19(1)(g) na kundin tsarin mulkin Indiya ya ba kowane ɗan ƙasa 'yancin yin sana'ar da ya zaɓa. Sashe na 19(6) ya yarda a taƙaita shi don maslahar jama'a, har a gindaya sharaɗin ilimi da ƙwarewa, amma ta hanyar doka. Umarnin 2009 kuwa takardar ofis ce kawai, kuma kotunan ƙasar sun daɗe da tsayawa a kan cewa ba a tauye 'yanci da takardar ofis, komai kyan niyyarta. A Maris 2016 aka shigar da sharaɗin cikin ita kanta sanarwar 2006, ya samu gindin zama.

Duk da haka da sauran rina a kaba. Lauyoyi suna da majalisarsu da dokar 1961 ta kafa, sunan mutum ake rubutawa, shi ake hukuntawa idan ya saɓa. A nan kamfani ake tantancewa. Masanin da ya shekara 20 yana auna rijiyoyi ba zai iya miƙa rahoto da sunansa shi kaɗai ba, sai ya raɓu da kamfani. Ita ma QCI, hukumar kula da inganci ta Indiya wadda ita ce uwar NABET, ba majalisar dokoki ce ta kafa ta da doka ba. Haɗin gwiwar gwamnati ce da ƙungiyoyin masana'antu tun 1997.

Abin da ya fi damuwa shi ne kuɗin. Mai aikin ne ke zaɓar masanin, shi ke biyansa. Masanin da ya rubuta cewa mahaƙar za ta ƙafar da rijiyoyin ƙauye ya san da wuya a sake kiransa, kuma shaidar NABET ba ta taɓa wannan alaƙa ba.