Richard Hammond da garejin tsofaffin motoci

Jama'a masu sauraro, barkanmu da warhaka.

Duk wanda ya taɓa kallon shirin motoci na Top Gear a BBC ya san Richard Hammond, wanda ya gabatar da shirin tare da Jeremy Clarkson da James May. Shi ne wanda ya tsallake rijiya da baya a 2006, lokacin da wata mota mai injin jirgin sama ta kife da shi a filin jirgi na Elvington. A 2021 ya buɗe gareji a Hereford da ke Ingila, ya raɗa masa suna The Smallest Cog, aikinsa farfaɗo da tsofaffin motoci, tashar Discovery+ kuma ta bi shi da kyamara.

Wasu na cewa ai wasan talabijin ne kawai. Ni dai ban yarda ba. Sai da mutumin nan ya kai motocinsa da baburansa gwanjo, har da Porsche 911 ƙirar 1969, kafin ya haɗa kuɗin kayan aiki.

Amma waɗanda suka fi tsaya mini a rai su ne Neil Greenhouse da ɗansa Anthony, masu ainihin aikin. Motar da ta shekara hamsin ba juyen mai take nema ba. Kwance ta ake yi ɗaiɗai, a kankare fenti har sai ƙarfe ya fito, a yanke duk inda tsatsa ta ci, a buga sabon ƙarfe da guduma har ya ɗauki siffar jikin, a yi walda, a goge, a sake gogewa. Wani kayan gyaran ma ya ɓace a kasuwa, sai an ƙera shi da hannu. Mota ɗaya kan cinye watanni, mai ita kuma yana jin kuɗin aikin sai ya ja da baya, alhali haya da albashi ba sa jira. Shirin bai ɓoye wannan ba. An ga Hammond, da duk sunan da ya yi, yana zagaye wuraren baje kolin motoci yana neman kwastoma.

Kakansa maƙerin jikin mota ne a Birmingham. Jikan ya shafe shekaru yana tuƙa motocin da wasu suka ƙera, sai ga shi a shirin, bayan ya wuce shekara hamsin, yana tsaye kusa da Neil, ana nuna masa yadda ake riƙe guduma.