Tarihin CRRC, kamfanin gwamnatin Sin mai ƙera jiragen ƙasa

Jirgin lantarkin da ya fara jigilar fasinja tsakanin Marina da Mile 2 a Legas a shekarar 2023, a birnin Dalian na ƙasar Sin aka ƙera shi, a ɗaya daga cikin masana'antun CRRC, kamfanin da a yau babu kamarsa a duniya wajen ƙera kawunan jiragen ƙasa da taragu. Sunan sabo ne, domin sai a 2015 aka raɗa shi, amma masana'antun da ke ƙarƙashinsa wasunsu sun haura shekara ɗari.

Tushen abin yana Tangshan. A 1881, wani injiniya Bature ɗan Ingila mai suna Claude Kinder, wanda yake yi wa mahaƙar kwal ta Kaiping aiki, ya harhaɗa kan jirgi mai amfani da tururi daga tsofaffin ƙarafan mahaƙar, har da tukunyar wani injin da aka daina amfani da shi, domin jan kwal a kan layin da bai wuce kilomita goma ba. Rashawa suka kafa masana'antar Dalian a 1899, Jamusawa kuma suka kafa ta Sifang a Qingdao a 1900. Bayan juyin juya hali na 1949, duk suka koma hannun ma'aikatar jiragen ƙasa, kuma har zuwa 1988 masana'antar Datong tana fitar da manyan kawunan jirgi masu tururi, alhali Yammacin Turai ta daɗe da yin ban kwana da su.

A 1986 aka tara masana'antun a inuwar kamfani guda, sannan a shekarar 2000 gwamnati ta raba shi biyu, CNR na arewa da CSR na kudu, da nufin su riƙa gogayya da juna don farashi ya sauka, aiki ya inganta.

Inda labarin ya juya shi ne 2004, kuma nan ya kamata mai kallo ya natsu. Ma'aikatar jiragen ƙasa ta nemi sayen jirage masu tsananin gudu, amma ta gindaya sharaɗi: duk kamfanin wajen da ke son kwangilar sai ya haɗa gwiwa da masana'antar cikin gida, ya kuma miƙa mata fasaharsa. Da yake mai sayen ɗaya ne tak, kasuwar kuma ba ta misaltuwa, babu wanda ya iya juya baya. Kawasaki na Japan ya haɗu da Sifang, Alstom na Faransa ya haɗu da masana'antar Changchun, Bombardier na Kanada kuwa dama yana da kamfanin haɗin gwiwa a Qingdao. Siemens na Jamus ya tsawwala kuɗi, aka bar shi a waje, sai a 2005 ya dawo da farashi mai sauƙi. Tsarin kwangilar Kawasaki ya isa misali: cikin jirage 60, uku kaɗai aka kawo a kammale daga Japan, shida suka zo gunduwa-gunduwa aka haɗa su a Sifang, sauran 51 kuwa ma'aikatan Sin ne suka ƙera su da hannunsu. A ganina, wannan sharaɗi ya fi kowace masana'anta muhimmanci a tarihin kamfanin, domin gwamnati ta yi amfani da girman kasuwarta ta sayi ilimi. Daga baya Kawasaki ya koka cewa an ɗauki fasaharsa ana kiranta ta gida, Sinawa kuma suka ce sun sarrafa ta sun wuce inda suka same ta.

Saurin bai zo salin-alin ba. Ranar 23 ga Yulin 2011, jirage biyu suka yi karo kusa da Wenzhou, mutum 40 suka rasu, kuma bincike ya ɗora laifin a kan na'urar sigina da sakacin gudanarwa. A watan da ya biyo baya, CNR ya janye jirage 54 daga layin Beijing zuwa Shanghai saboda matsalolin na'ura.

A ƙasashen waje kuwa, gogayyar da aka ƙirƙira don amfanin gida ta zama ciwon kai, domin kamfanonin biyu sun riƙa karya wa juna farashi, kamar yadda ya faru a neman wata kwangila a Ajantina, inda CSR ya sauko ƙasa sosai da tayin ɗan'uwansa. Gwamnati, wadda ita ce mai su duka, ta ga aljihunta ne ke asara. Aka sanar da haɗewarsu a ƙarshen Disambar 2014, aka kammala a watan Yunin 2015, suka zama CRRC. Shekara biyu bayan haka jirgin Fuxing, wanda Sin ta tsara bisa ma'auninta, ya fara gudun kilomita 350 a awa tsakanin Beijing da Shanghai.

Girman CRRC ne hujjar da Siemens da Alstom suka kafa lokacin da suka nemi haɗe sassansu na jiragen ƙasa, Tarayyar Turai ta hana a Fabrairun 2019. Amurka ta haramta sayen taragunsa da kuɗin gwamnatin tarayya, duk da cewa yana da masana'anta a Springfield da ke haɗa taragun birnin Boston. A 2020 kuma reshensa na Zhuzhou ya saye Vossloh Locomotives, masana'antar kawunan jirgi da ke birnin Kiel na Jamus.