Wa Ya Share Times Square?

Ku dubi wannan titi da fitilu suka mayar da darensa rana. Titi na 42 ke nan, a Times Square, tsakiyar birnin New York. A shekarun 1970, ba magidancin da zai yarda ya ratsa nan da iyalinsa. Tsofaffin gidajen sinima sun koma haska fina-finan batsa. Ga wasu 'yan akurki a cikin shaguna, mutum ya shiga ya rufo ƙofa, ya jefa tsaba a na'ura, ya yi kallon 'yan daƙiƙu, ta ɗauke, ya sake jefawa. A bakin ƙofa kuma dillalan ƙwaya da 'yan sane na jiran sa.

Da an yi maganar gyaran wurin, sai ka ji an ce aikin magajin gari Rudy Giuliani ne. Ni dai ina ganin an ba shi fiye da rabonsa. Tun a farkon shekarun 1980, zamanin magajin gari Ed Koch, aka tsara aikin. A 1990 gwamnatin jiha ta karɓe gine-gine da dama da ƙarfin doka, ta biya diyya, ta sallami 'yan haya. Kaset ɗin bidiyo ma ya riga ya kashe wa sinimomin kasuwa, tunda mai son kallo ya koma yi a ɗakinsa. Ko yarjejeniyar farko da kamfanin Disney, a ƙarshen 1993 aka ƙulla ta, Giuliani bai hau kujera ba.

Ga gidan wasan New Victory nan. Da ya yi suna wajen haska batsa, amma a 1995 aka sake buɗe shi a matsayin gidan wasan yara. Disney kuma ta gyara gidan wasan New Amsterdam, ta buɗe a 1997.

Nasa Giuliani shi ne dokar 1995: shagon batsa ya nisanci makaranta da wurin ibada da unguwar zama da ƙafa 500. To amma an bar ƙofa. A lokacin, in kayan batsa ba su kai kashi 40 cikin 100 na hajarka ba, doka ba ta hau kanka ba. Sai masu shaguna suka cika kantocin gaba da kaset ɗin katun na yara da ba mai saye, ƙura na hawa kansu, ainihin cinikin yana can ƙurya.

Wasu suka matsa titin da ke maƙwabtaka, wasu suka haura Queens da Brooklyn. Shari'ar toshe waccan ƙofa kuwa, har 2017 ana kai da kawo a kotu.