Amsoshin Tambayoyinku: Barkwancin Fotugal Kafin Fim Ya Yi Magana

Jama'a assalamu alaikum, barkanmu da sake saduwa. Wasiƙar farko ta yau daga wani mai sauraronmu ce a Maraɗi. Yana tambaya ko Turawan Fotugal sun yi finafinan barkwanci a zamanin da fim ba ya magana, kuma ina za a gan su.

To malam, sun yi, amma ba su taka kara sun karya ba. Fim ya fara a ƙasar ne a 1896, lokacin da Aurélio da Paz dos Reis, wani mai sayar da furanni a birnin Porto, ya ɗauki hoton ma'aikata suna fitowa daga masana'antar ɗinkin riguna. Barkwanci kuwa, ga wasu misalai. A 1916 aka yi O Quim e o Manecas, labarin wasu yara biyu 'yan ƙiriniya da Stuart Carvalhais yake zanawa a jarida. A 1917 Emídio Ribeiro Pratas ya fito da Pratas Conquistador, inda ya kwaikwayi Charlie Chaplin, mai ɗan gashin bakin nan da sanda da tafiyar agwagwa, wanda can suke kira Charlot.

Kada ka ga laifinsa. A lokacin galibin mutanen Fotugal ba su iya karatu ba, 'yan rubuce-rubucen da ake sakawa tsakanin hotuna ba su da amfani a wurinsu. Amma mutum ya zame ya faɗi, ɗan sanda ya bi shi da gudu, mai fiyano a gaban majigi ya ƙara wa kiɗa sauri, ai wannan ba ya bukatar tafinta.

Kamfanin Invicta Film na Porto ya ɗauko darakta Bafaranshe, Georges Pallu, suka yi Frei Bonifácio a 1918. Daga nan kamfanin ya fi karkata ga mayar da manyan littattafan ƙasar zuwa fim. Barkwancin Fotugal bai tsaya da ƙafarsa sosai ba sai da sauti ya zo, da A Canção de Lisboa a 1933.

Maganar kallo kuma, sai haƙuri. Fim ɗin wancan zamani yana ruɓewa, ga saurin kama wuta, na yaran nan biyu ma ya ɓace. Abin da ya tsira yana hannun Cinemateca Portuguesa, gidan adana finafinan ƙasar da ke Lizbon.

Sai wasiƙa ta biyu, daga Kumasi.