Furanni Masu Shimfiɗaɗɗen Kai: Me Ya Sa Masana Suka Raba Musu Gida?

Masu kallo, barkanku da war haka. Ku dubi filin nan da ke gabanku. Irinsa na nan birjik a Amurka da Kanada daga watan Agusta zuwa Oktoba, lokacin da furen da mutanen can ke kira goldenrod yake rufe daji da ruwan ɗorawa. A wurin masana tsirrai sunan jinsinsa Solidago, yana cikin babban iyalin Asteraceae, kuma nau'o'insa sun haura 100. Yawancinsu furanninsu kan yi tsini ne su hau sama, ko su yi lanƙwasa gefe guda. Amma akwai waɗanda kansu a shimfiɗe yake kamar faifai, duk rassan sun tsaya a tsayi ɗaya. Waɗannan su ne suka daɗe suna ba masana ciwon kai, domin ashe ba gida ɗaya suka fito ba.

Ga tsirrai biyu masu irin wannan kai a gabana. Mu fara da na hagu, mai siririn ganye. A 1753 masanin tsirrai Carl Linnaeus ya ba shi suna Chrysocoma graminifolia, bai ma sa shi a Solidago ba. Daga baya aka mayar da shi can. A 1818 Thomas Nuttall ya lura cewa shi da 'yan uwansa sun fita daban, sai ya ware musu ɓangare a cikin Solidago ya kira shi Euthamia. Shekara 7 bayan haka, a 1825, wani masani Bafaranshe mai suna Cassini ya ce a'a, wannan ai jinsi ne mai zaman kansa. Duk da haka littattafai da yawa sun ci gaba da rubuta Solidago graminifolia har cikin ƙarni na 20.

To, me suka gani? Mu matso kusa. Ganyen nan dogo ne siriri, gefensa sumul babu haƙora, jijiyoyinsa sun miƙe daga tushe zuwa baki. Idan ka ɗaga shi ka hasko da rana, ko ka sa masa gilashin ƙara girma, za ka ga ɗigo-ɗigo ƙanana a jikinsa, wuraren da ke fitar da ɗanko ne. Yanzu ku kalli kan. Abin da ido ke ɗauka fure ɗaya ne, tarin ƙananan furanni ne, wasu a gefe masu harshe, wasu a tsakiya. A Euthamia na gefen sukan fi na tsakiya yawa, kuma kawunan a cunkushe suke, galibi babu ko ɗan kara a ƙarƙashinsu. A 1975 masana biyu, Anderson da Creech, suka yanka ganyayen suka duba tsarin cikinsu, bambancin ya ƙara fitowa fili. Da binciken DNA, wato ƙwayoyin gado na halitta, ya zo, sai ya nuna Euthamia ta fi kusa da wasu jinsuna irin su Gutierrezia fiye da Solidago. Nan magana ta ƙare. Kundin tsirran Arewacin Amurka, Flora of North America, na 2006 ya lissafa mata nau'i 5.

Na dama kuwa, labarinsa bai zo da sauƙi haka ba. Shi ma kansa a shimfiɗe yake, amma ku ga ganyen Solidago rigida: faffaɗa ne, mai kauri da kaushi, kawunan furen kuma manya, kowanne da karansa. A 1903 John Small ya ba shi da 'yan uwansa jinsi nasu mai suna Oligoneuron, sannan Guy Nesom ya farfaɗo da sunan a 1993. John Semple da wasu masana ba su yarda ba, suka bar su a cikin Solidago a matsayin sashen Ptarmicoidei. Shi ya sa har gobe za ka ga tsiro ɗaya da suna biyu, wannan littafi ya ce Oligoneuron rigidum, wancan ya ce Solidago rigida.

A ganina hujjar su Semple ta fi nauyi, kuma wani farin fure ne ya fi kowa ba da shaida. Ga shi nan, Solidago ptarmicoides. Saboda farinsa, an daɗe ana lissafa shi cikin jinsin Aster. Sai aka riƙa tsintar 'ya'yan da ya haifa da masu ruwan ɗorawa a daji, furanninsu fari-fari da ɗan ɗorawa, wato launi ya ruɗi mutane, barbara kuwa ta tona asiri. Gwajin DNA ma ya ajiye wannan rukuni tare da Solidago. Abin da ya rage shawara ce ta masana: a ina za a ja layi a ce jinsi ya ƙare?

Kada ku ɗauka gardamar suna ce kawai. A rukunin nan akwai Solidago houghtonii, wanda ba ya fitowa sai a yankin manyan tafkunan Amurka da Kanada, musamman gaɓar tafkin Huron da Michigan. A 1988 gwamnatin Amurka ta sa shi cikin tsirran da ke fuskantar barazana. Yakan tsiro a wuri mai dausayi inda Euthamia graminifolia ma take, ga shi dukansu masu siririn ganye ne da shimfiɗaɗɗen kai. Mai ƙidayarsu a fili dole ya sunkuya ya duba girman kan furen da ɗigon ɗankon ganye kafin ya rubuta suna.