Tullio Carminati, Basaraken Da Ya Ci Abinci Da Kwarjininsa

Jama'a masu sauraro, barkanmu da war haka. Sharhinmu na yau ya leƙa Italiya ne, kan wani ɗan wasan fim da mutane da yawa suka san fuskarsa ba su riƙe sunansa ba, wato Tullio Carminati.

Duk wanda ya kalli Roman Holiday na 1953 ya gan shi. Hankalin kowa yana kan Audrey Hepburn, gimbiyar da ƙa'idojin fada suka ishe ta har ta sulale cikin dare ta shiga birnin Rum, da kuma Gregory Peck, ɗan jaridar da ya tsince ta. To, a cikin fadawan da ta bari cikin tashin hankali akwai wani dattijo, Janar Provno, ƙirji cike da lambobin yabo, ba ya murmushi. Likita ya zaro allura zai yi wa gimbiya, sai ga janar guda ya yanke jiki ya faɗi. Abin da ya sa dariyar ta zauna shi ne mutumin bai yi kama da mai wasa ba. Tsayuwarsa da ɗaga haɓarsa duk na gidan sarauta ne, kuma ba aro ya yi ba.

An haife shi a 1894 a Zara, garin bakin teku da ke ƙarƙashin daular Ostiriya da Hangari a lokacin, a gidan masu sarautar gado ta Conte, ɗaya daga cikin muƙaman sarautar Turai. Garin ya koma hannun Italiya bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, ya faɗa hannun Yugoslabiya bayan na Biyu, yau kuma Zadar ake ce masa, a ƙasar Kuroshiya. Shi kuwa tun yana saurayi ya bi 'yan wasan dandamali, ya shiga fina-finan da ba a magana a cikinsu a matsayin jarumin soyayya, har ya yi aiki da Eleonora Duse, wadda Italiyawa ke ɗauka uwa a fagen wasan kwaikwayo. Da kasuwar fim ta mutu a Italiya cikin shekarun 1920, ya nemi ta kansa a waje, tafiyar ta kai shi Amurka.

A can ne ya gano abin da ake saye a wurinsa. Amurkawa ba su da sarakai, amma suna son kallonsu. A 1929 ya hau dandamalin Broadway, cibiyar wasan kwaikwayo ta birnin New York, a wasan Strictly Dishonorable na Preston Sturges, inda ya fito a matsayin basarake mawaƙin opera, aka yi ta nuna wasan fiye da sau 500. Zuwan sauti ya karya 'yan wasan Turai da dama saboda nauyin harshe, amma shi harshen nasa ma ya zama jari. A 1934 ya fito tare da Grace Moore a One Night of Love, malamin waƙa mai tsanani da ke horar da ɗalibarsa, fim ɗin kuma ya shiga takarar Oscar ta gwarzon fim na shekara. Nan ne ganiyarsa.

Yanzu ga inda nake so mu tsaya. A watan Yunin 1946 Italiyawa suka yi ƙuri'ar raba gardama suka sallami gidan sarauta, Sarki Umberto na Biyu ya bar ƙasar. Tsarin mulkin da ya fara aiki a 1948 ya ce hukuma ba ta san wata sarautar gado ba. Ke nan a idon doka Carminati ya zama mutum kamar kowa. Amma a daidai wannan zamani kamfanonin Amurka suka yi dafifi a sutudiyon Cinecittà, saboda aiki a Rum ya fi araha, kuma manyan fina-finan tarihi ba sa yiwuwa sai da fadawa da janar-janar da manyan limaman coci. Riga dai tela ne ke ɗinka ta, amma iya sa ta sai wanda ya tashi a ciki. Masu kallon fina-finan Hausa sun san wannan: akwai dattijon da idan ya naɗa rawani ya zauna a karaga, ba sai an ce maka sarki ba ne.

Haka ya koma ɗan rakiyar jarumai, kuma a ganina aikinsa ya fi daɗi a nan. Jarumin soyayya dole ya burge, shi kuwa tsohon bafade yana da damar ya tona asirin ajinsa. A War and Peace na 1956, wanda King Vidor ya ba da umarni, shi ne Yarima Vasili Kuragin, mai ladabin baki da lissafin dukiya a zuci, wanda ya lallaɓa ya aurar da 'yarsa ga Pierre, jarumin labarin, da zarar gado ya faɗo wa yaron. Wanda bai san gidajen manya daga ciki ba zai yi wa irin wannan mutum fuskar mugu. Carminati da fara'a ya yi shi.

Ya fito a El Cid a 1961, sannan The Cardinal na Otto Preminger a 1963, cikin jar rigar manyan limaman Vatican. Ya rasu a Rum a watan Fabrairun 1971, yana da shekara 76.

A huta lafiya.